Allura da Tsallake a Rana Ɗaya

Shekarun baya wani abu ya faru a gabana wanda har yau ban gama sauke shi daga zuciyata ba. Zan ba ku labarinsa yadda nake tunawa, amma ku sani an daɗe, kuma ƙwaƙwalwa takan yi wa mutum gyare-gyare ba tare da ta nemi izininsa ba. Ina kyautata zaton damina ce ta biyu bayan an ba mu jiha, lokacin da man fetur ke wuya. Maganganun da zan sa a bakin mutane kuwa, ma'anarsu na riƙe, ba lallai kalma da kalma ba.

A lokacin na gama jami'a da bautar ƙasa, ina koyar da kimiyya a wata sakandare a Gusau, ina zaune da mahaifiyata a Tudun Wada. Darasin da na fi ji da shi shi ne na gwaji. Nakan sa ɗalibai su shuka wake a gwangwani biyu, ƙasa iri ɗaya, ruwa iri ɗaya, a ajiye wannan a rana, wancan a cikin kwali. Ina ta nanata musu cewa in kana son ka san abin da ya jawo abu, to abu guda za ka canza, sauran ka bar su yadda suke. Ina faɗar haka da ƙarfin gwiwa irin na wanda bai taɓa gwada komai a duniya ba sai wake.

Mahaifiyata tana da aminiya tun suna 'yan mata a ƙasar Tsafe. Aure ya kawo mahaifiyata Gusau, ita kuma ya kai ta wani ƙauye a ƙasar Bungudu. Mijinta ya rasu, 'ya'yanta sun watsu, ta zauna ita kaɗai a gidan tana tuyar ƙosai da damun koko kowace safiya. Duk garin Inna mai ƙosai ake ce mata. Ni Inna kawai nake cewa.

Wata safiya wata mata daga ƙauyen ta biyo ta gidanmu da mummunan labari. Ɗiyar maƙwabcin Inna, yarinya ƙarama, ta kwanta da zazzaɓi mai zafi har tana fisge-fisge. A cikin magagi tana ta kiran Inna mai ƙosai. Shi ke nan aka ce Inna mayya ce, ta kama kurwar yarinyar, kuma an tsayar da cewa bayan la'asar za a kawo ta ta tsallaka ta. Ga wanda bai sani ba, haka ake yi a wasu wuraren: a kwantar da marar lafiya, wanda ake zargi ya tsallaka shi, wai ta haka zai saki kurwar.

Mahaifiyata ta jira har matar ta fita. Sannan ta dube ni ta ce, "Tashi ka tahi. Karatun nan da kake ta yi, yau ranarsa ta zo."

Na tafi wurin abokina, ma'aikacin asibiti ne, yana da babur. Da na faɗa masa alamun ciwon ya ce wannan zazzaɓin sauro ne da ya hau kai, ya gaji da ganinsa a daminar nan. Ya haɗa allurai a jakarsa, muka sayi mai a galan a bakin titi, muka kama hanya. Inda muka bar kwalta taɓo ya sa muka riƙa sauka muna tura babur. Ni ina ta lissafa masa abubuwan da zan faɗa wa mutanen garin. Ya ce, "Farfesa, ka riƙa turawa da ƙarfi tukuna, lacca sai mun isa."

Mun tarar da ƙofar gidan su yarinyar cike da jama'a. Inna tana zaune a gefe kan turmi, ta lulluɓe kai, ba kowa kusa da ita. Da ta gan ni ta ce, "Ɗan nan, har da kai anka taso?" Na durƙusa na gaishe ta, na ji idanun mutane a bayana.

Abokina ya shiga ya duba yarinyar. Ya ɗiga jininta a ɗan gilashi don a duba a Gusau, ya ce ba zai jira sakamako ba, allura za a yi yanzu, kuma hanya ba za ta ɗauki marar lafiya irin wannan a babur ba. Mahaifin yarinyar, manomi ne mai yawan shiru, ya ce a yi. Bai yi gardama ko kaɗan ba. Sai ya ƙara da cewa in an gama sai Inna ta shigo.

A nan ne na ja shi gefe. Na ce, "Don Allah ka bar maganar tsallaken nan, ko zuwa jibi ne. A bar allurar ta yi aikinta. In ta tashi ba a tsallaka ta ba, kowa ya ga gaskiya."

Ya dube ni, idanunsa sun yi ja. Ya ce, "In ba ta tashi ba hwa?"

Na ce da yardar Allah za ta tashi.

Ya ce, "Ka tabbata?"

Na waiwaya wurin abokina. Abokina ya ce a gaskiya ciwon ya yi nisa, ana samun sa'a, ana kuma rasawa.

Mahaifin ya ce, "To Malam, ka ji. Kai kana son ka gane wanne ne magani. Ni ɗiyata nike so. In da magani goma, duk yau za a yi mata su."

Na daɗe ina juya maganar nan, kuma har yau ban ga inda zan kama shi da rashin hankali ba. In da ɗiyata ce, ban san me zan yi ba. Abin da nake roƙo shi ne ya ajiye ɗiyarsa a rana ko a kwali don ni in samu amsa mai tsabta.

Sai na koma wurin Inna na ce ta ƙi. Na ce ba wanda ya isa ya tilasta mata, maigari ma ya ce sai da yardarta. Ta ce, "In na ƙi, su ce mi? Kuma ɗiyar ga a bayana ta girma. In tsallakena zai tashe ta, in tsallaka mana." Ta miƙe da ƙyar saboda ciwon gwiwa. Wasu matasa suka fara cewa sai ta tuɓe zane, maigari ya daka musu tsawa. Aka kwantar da yarinyar a tabarma a tsakar gida. Tsohuwa ta tattare zanenta, ta dafa bango, ta ɗaga ƙafa ta tsallaka. Ba wanda ya miƙa mata hannu. Ni ma tsayawa na yi kamar an dasa ni, sai da ta yi tangaɗi na tare ta.

Abokina ya matso kusa da kunnena ya ce, "Ka lura? In ta tashi, Inna ta saki kurwa. In ta mutu, Inna ta cinye ta." Na lura. Duk da haka addu'a nake yi yarinyar ta rayu, kuma na tabbata Inna ma ita take yi.

Muka zauna a garin abokina yana ci gaba da allurai a kan lokaci. Yarinyar ta farfaɗo. Ta buɗe ido, ta nemi ruwa, daga baya ta nemi koko. Mata suka yi guɗa. Kafin mu bar garin labari ya zaga cewa an tsallaka ta ta tashi. Allura kuwa ba wanda ya musa an yi, amma ba a sa ta cikin labarin.

Da muka koma Gusau abokina ya kai ni ɗakin gwajin jini. Mai aikin wurin ya sa gilashin a ƙarƙashin madubinsu na ƙara girma, ya ce in leƙa. Ya nuna mini ƙwayoyin cutar, 'yan ƙanana kamar zobba a cikin jinin, ga su nan birjik. Na ji wani daɗi irin na yara. Na ce wa kaina magana ta ƙare, na gani da idona.

A ƙarshen mako muka koma wurin maigari, aka kira mahaifin yarinyar da dattawa a zaure. Na yi bayani dalla-dalla, har da zane a ƙasa. Suka saurare ni da ladabi har na gama.

Wani dattijo ya ce, "Malam, ba mu musa sauro ba. Sauro kowa yana cizo. Gidan nan nasu yara nawa ke kwana ɗaki guda? Mi ya sa ita kaɗai ta hau mata kai? Kuma mi ya sa sunan Inna ta kira?"

Na ce mai zafin zazzaɓi yakan kira duk wanda ya faɗo masa, kuma yarinyar kullum da safe wurin Inna take zuwa sayen ƙosai.

Ya ce, "Ta fi ganin uwarta. Ba ta kira uwarta ba."

Abokina ya ce, "Baba, ni na ga wanda ya yi ta kiran jakinsa a gadon asibiti. A kawo jakin ya tsallaka shi?" Aka yi dariya, har da dattijon. Amma dariya ce kawai, ba ta motsa komai ba.

Maigari ya gyara zama ya ce, "Malam, tambaya guda. Za ka iya rantsuwa cewa allurar ce kaɗai ta tashe ta?"

Na ce, "Ranka ya daɗe, zan rantse cewa allurar nan tana maganin ciwon nan. An yi wa mutane da yawa waɗanda ba wanda ya tsallaka su, sun tashi."

Ya ce, "Ni kuma na ga waɗanda anka tsallaka ba allura, sunka tashi. Wagga ɗiya an yi mata duka biyu. Kai ka ga naka, mu mun ga namu."

Na so in ce masa zazzaɓi yakan sauka da kansa wani lokaci, kuma waɗanda aka tsallaka suka mutu ba a lissafa su, sai a ce maye ya riga ya cinye. Ina jin na faɗa ma, sai dai a lokacin an fara miƙewa don salla.

Mahaifiyata ce ta dage a kai magana gaban alƙali a Bungudu, a kan ɓata suna. Inna ba ta so, amma ta bi. Alƙalin dattijo ne mai sanyin murya. Ya tambayi mahaifin yarinyar da waɗanda suka fara yaɗa maganar ko akwai wanda ya ga Inna ta yi wa yarinyar wani abu. Babu. Suka ce yarinyar ta kira sunanta. Ya ce maganar yaro ƙarami cikin magagin ciwo ba shaida ba ce a shari'a. Suka ce an tsallaka ta ta tashi. Ya ce tashin marar lafiya ba ya tsayawa a gabansa ya ba da shaida. Ya ja musu kunne sosai, ya ce duk wanda ya ƙara jifan matar nan da wannan kalma zai gamu da hukunci. Ni ko tambayata batun jini bai yi ba, bai buƙace shi ba.

Bayan an tashi na same shi na durƙusa. Na ce, "Allah gafarta Malam, da za a yi shela cewa kotu ta tabbatar ba mayya ba ce, da ya taimaka."

Ya ce, "Ɗana, abin da aka kawo gabana nake aunawa. Sun ce ta yi, na ce su kawo shaida, sun kasa. Wanda ba a tabbatar da laifinsa ba kuɓutacce ne, na kuwa faɗa a gaban kowa. Amma in shaidi abin da ke ɓoye a cikin mutum, akwai ko babu, wannan ba kujerata ba ce."

Mutanen garin sun bi umarnin alƙali. Ba wanda ya ƙara kiran ta da wannan suna. Da na je duba ta wata Asabar da sassafe, na tarar ta hura wuta ta yi tuya kamar kullum, ƙosai ya cika kwando, koko yana tururi. Mutane suna wucewa ta ɗaya gefen hanya suna cewa, "Ina kwana, Inna," tana amsawa. Wata yarinya ta nufo mu da kwano, aka ƙwala mata kira daga cikin wani gida, ta juya. Na jawo benci bakin hanya na zauna inda kowa zai gan ni, na yi ta cin ƙosai har cikina ya ɗaure. Daga baya na ji an ce ai ba kowa ne kurwarsa ke kamuwa ba. Da rana ta ɗaga Inna ta juye kokon a kwatarniya ta ba awaki.

Bayan girbi ta zo gidanmu a Gusau da ƙullin kayanta, ta ce ciwon ciki ya kawo ta. Ta rame ƙwarai. Da muka zauna mu uku a ɗakin mahaifiyata sai ta faɗi ainihin abin da ya kawo ta. Ta ce, "Ɗan nan, an ce asibitinku akwai injin da ke ɗaukar hoton cikin mutum. Ina son a ɗauke ni."

Na ce za a duba ciwon cikin, in likita ya ga da buƙata zai sa a yi.

Ta ce, "Ba ciwon ba. Ƙanƙarar nike son a duba."

Ta ce ai an ce maye yana da ƙanƙara a ciki, kuma a nono ake shan abin, mutum na iya ɗauke da ita bai sani ba. Ita kuwa uwarta ta rasu tana jaririya, ba ta san matan da suka shayar da ita ba. Ta ce tun ranar da ta tsallaka yarinyar ta ga ta tashi, take tambayar kanta.

Ban taɓa zaton abin ya kai nan ba. Duk wahalar da nake yi ta shawo kan mutanen gari ce, ashe hujjarsu ta riga ta shiga gidan Inna ta zauna.

Na gaya wa likita gaskiyar abin da ake ciki. Ya ce da ma ciwon cikin ya isa dalilin hoto. Aka ɗauka. Ya ɗaga baƙin hoton a haske, ya nuna mata haƙarƙarinta da ƙashin bayanta, ya ce, "Inna, ba dutse, ba ƙanƙara, ba komai." Ya rubuta mata maganin gyambon ciki. Ta yi godiya har da sa albarka.

Sai da muka shiga gida ta ce, "Babu ita ne, ko injin ne ba ya ganin irinta?"

Na ce babu ita. Na ce da ma can babu wani abu mai kama da haka. Ta ce, "To in da ma babu, mi injin ya duba?" Ta gane abin da na sani: hoton yana nuna abin da aka ƙera shi ya nuna ne, wanda kuma ya yarda abu ɓoyayye ne, rashin ganinsa ba ya kwantar masa da hankali.

Mahaifiyata ta fusata. Ta ce, "Ke ƙawa, ki dawo cikin hankalinki! Shekara nawa muna ci kwano guda? Kin manta lokacin da na haifi wannan na kwanta ciwo, wa ya shayar da shi? Ba ke ba? In a nono ake sha, ga shi nan zaune, ya sha ya ƙoshi. Wa ya taɓa ci?"

Ni ban ma san da wannan ba sai ranar. Na ɗauka hujja ce da za ta sa Inna dariya. Sai na ga fuskarta ta canza. Ta dube ni, ta dubi ƙofa, ta kama hannun mahaifiyata ta rage murya ta ce, "Don girman Allah kar ki ƙara faɗin wagga magana. Kar kowa ya ji. Yaron ga bai yi aure ba."

Ba ta koma ƙauyen ba. Ƙaninta ya zo ya tafi da ita Tsafe, aka ba ta ɗaki a gidansa, wani ɗan'uwan mijinta ya shiga gidan da ta bari. Ba ta ƙara tuya ba. Da na yi aure aka haifa mini ɗiya ta fari, na kai mata ita Tsafe. Na miƙa mata jaririyar, sai ta mayar da hannuwanta cikin mayafi. Ta leƙa fuskarta daga inda take, ta yi mata addu'a mai tsawo, ta ce, "Riƙe ta dai, ina ganinta daga nan." Ba a daɗe ba bayan haka Allah ya yi wa Inna rasuwa.

Na yi shekaru ina tunanin me ya kamata a ce an kawo wanda ba a kawo ba. Ban same shi ba. Madubin asibiti ya amsa tambayar da aka yi masa, wato me ke cikin jinin yarinya, kuma amsarsa gaskiya ce. Alƙali ma ya amsa tasa. Amma abin da aka ɗora wa Inna shi ne ta tabbatar da babu, a gaban mutanen da duk abin da ya faru ƙarin shaida ne a wurinsu. Ina nan a kan cewa allura ce ta tashi yarinyar, da izinin Allah, ban taɓa shakkar wannan ba. Abin da na daina yarda da shi shi ne cewa hujja in ta yi ƙarfi tana isar da kanta. Sai an fara yarda a kan me zai sa a ce an yi kuskure. Yanzu in gardama ta taso, a wurin aiki ko a nan inda kuke karanta ni, nakan fara tambayar mutum me zai gani ya janye maganarsa. In ya ce babu, nakan ji irin sanyin jikin da na ji a zauren maigari. Ni ma nakan yi wa kaina tambayar, kuma ba kullum nake jin daɗin amsar ba.

Mahaifiyata ta rasu, alƙalin ma na ji ya rasu. Abokina yana nan, mun kuma saɓa a wasu wurare: shi ya ce kotu ta riga zaman zauren maigari, ni ina ganin akasin haka. Yarinyar da aka tsallaka, in tana raye, yanzu babbar mace ce, ba kuma ta da laifin komai. Duk wanda ya halarci wani ɓangare na abin nan ya ga na kauce, don Allah ya aiko mini da gyara, zan sa shi a ƙarƙashin rubutun nan ba tare da sunansa ba. Akwai wuri guda da na fi son a gyara mini. Safiya ɗaya kawai na gani da idona, amma a zuciyata na ɗauka cewa tun daga ranar tsallaken har ta bar garin ba wanda ya ƙara sayen ƙosanta. In akwai wanda ya saya, ko sau ɗaya ne, ko a ɓoye ne, ya taimaka ya faɗa mini.